Daga Umdurman Zuwa Fagge da Jitar Yayana

A Anjamena muka rabu da Yaya Usman. Yadda muka baro Umdurman bayan yaƙi ya ci unguwarmu, da abin da idanunmu suka gani a hanya, wannan na bar wa Allah. Wanda ya bi hanyar ya sani, wanda bai bi ba kuwa ba na yi masa fata. Mu huɗu muka iso: ni, da Yaya, da matarsa Batula, da 'yarsu Ihsan. Wani Bahaushe mai sayar da gawayi ya ba mu ɗaki a bayan gidansa, muka raba shi da zane.

Mu Hausawan Sudan ne. Kakanmu daga Fagge ya tashi da niyyar aikin hajji a ƙasa, ya tsaya a bakin kogin Nilu neman guzuri, guzurin bai taɓa cika ba. Can aka haifi babanmu, can aka haife mu. Sana'armu ni da Yaya kiɗan jita, irin wanda ake kira jaz, kuma mun yi shekara da shekaru muna bugawa mu biyu a otal-otal ɗin Khartum. Kowa da aikinsa. Yaya ne ke riƙe da karin waƙar, wato muryar nan da mutum zai iya bi da bakinsa, mu muna ce mata uwar waƙa. Ni kuma nawa ado. In ya kai ƙarshen layi ya ja numfashi, sai in cike gurbin da 'yan guje-gujen yatsu, in hau in sauka, in zagaya in dawo in same shi. Ni ake yi wa tafi, amma abin da Yaya ya buga shi mutane ke tafiya da shi gida a bakinsu.

Yaya yana da ciwon ƙoda tun kafin yaƙi. A Khartum ana yi masa wankin ƙoda a kai a kai. A Anjamena layin masu jira ya yi tsawo, abin hannunmu kuma kullum raguwa yake. Ƙafafunsa suka kumbura, daga baya yatsunsa ma suka bi, har zobensa sai da aka yanke.

Wata safiya ya kira ni, ya nuna jitarsa da ke jingine a kusurwa, da ƙaramar lasifikar da muka sha wuyar ɗaukowa.

"Tijjani, ɗauki waɗannan ka tafi Kano. Ka nemi dangin Kaka a Fagge, ka nemi aiki. In ka zauna da gindinka sai ka aiko mu taho."

Na ce, "Yaya, ni kaɗai me zan buga? Wa zai riƙe mini waƙa?"

"Hannu biyu Allah Ya ba ka, kamar ni."

"In bar ka a haka?"

"In ka zauna ma kallona kawai za ka yi. Batula ta ishe ni kallo."

Batula ta yi dariyar da ba ta kai ciki ba, ta tashi ta soya mini ɗan garin da zan riƙe a hanya. Tawa jitar muka sayar aka yi kuɗin mota, sauran na bar musu.

A Kusuri, da muka haye gada, masu kaki suka sauke ni saboda akwatin jitar. Suka buɗe, suka leƙa cikinta da tocila, ɗaya ya kaɗa tsirkiya da makullin motarsa har na ji abin a haƙorina. Babbansu ya ce tunda na ce ni makaɗi ne, in buga su ji. Na tsaya cikin rana, ƙafa ɗaya a kan dutse, na buga abin da hannuna ya saba. Suka yi ta dariya, ɗaya yana kwaikwayon yatsuna a iska. Da suka gaji suka karɓe rigar sanyina a matsayin goro, suka ce in wuce. Direba ya kusa tafiya ya bar ni, wata tsohuwa da ke zaune kusa da ni ce ta zauna a bakin ƙofar motar ta ce ba inda za a je sai ɗanta ya dawo. Ban taɓa ganinta ba kafin ranar. Daga Gamboru zuwa Maiduguri ita ta riƙa tura mini dabino da ƙuli-ƙuli a tafin hannu ba tare da ta dube ni ba, don kada in ji kunya.

A motar Kano na fara gane cewa Hausar da nake taƙama da ita ta tsufa, kuma ta sha Larabci. Na ce wa yaron mota nawa ne gurush ɗin arabiya, mota duka ta kwashe da dariya. Wani ya ce, "Balarabe, kuɗin mota za ka ce." A Sudan tun muna yara Fallata ake ce mana, ana nuna mana yamma wai can ne garinmu. Ga shi na doso yamman, tun ban sauka ba an mai da ni Balarabe.

Mai adaidaita sahu ya sauke ni a Fagge da hantsi. Abin da Kaka ya bar mana na kwatance shi ne sunan ubansa, Malam Iro Baduku, da wata rijiya, da bishiyar durumi a ƙofar gida. Na wuni ina tambaya. Duk inda na juya dilolin atamfa ne da shadda, 'yan dako na ihun a ba su hanya, masu kurar ruwa na gogar ƙafata. Matasa suka ce ba su taɓa jin sunan ba. Da la'asar aka kai ni wurin wani tsoho da ke zaune a kan buzu, ya daɗe yana tunani, sannan ya ɗaga sandarsa ya nuna wani dogon bene mai shaguna.

"Ina jin nan ne dukawa suka zauna. Ina yaro na ga durumin. Mutanen kuwa, wasu sun mutu, wasu sun sayar sun koma bayan gari. Allah Ya ji ƙan na ƙasa."

Na tsaya ina kallon benen. Wani yaron shago ya leƙo ya ce, "Alhaji, shadda ko yadi?"

Ranar ban san inda zan sa kaina ba. Na so in kwana a barandar masallaci, amma na ji nauyin shiga da jita. Ina zaune a gefen kwata da kayana sai wani dattijo mai wankin hula da ke kwashe shanyarsa ya yi mini sallama. Sunansa Baba Modu, asalinsu mutanen Barno ne, amma a Fagge aka yanke masa cibiya. Ya tambaye ni daga ina, na gaya masa. Ya dubi akwatin.

"Wannan fa?"

"Jita ce, Baba. Sana'ata ce."

Ya gyara hulunan da ke hannunsa. "Ni dai ba na sauraron kiɗa, kuma ba zan fara da tsufana ba. Amma baƙo baƙo ne. Akwai ɗaki a bayan shago, in warin sitaci bai dame ka ba."

A ɗakin nan na zauna, tsakanin bokitan sitaci da itatuwan da ake kifa hula a kansu ta bushe. Da safe ina taya shi ɗauraya da shanya, shi kuma ya raba koko da ƙosansa biyu.

A teburin mai shayi na gamu da Sabi'u. Mutum ne mai fara'a, kullum cikin farin yadi, waya biyu a hannu. Da ya ji labarina sai ya dafa ƙirji ya ce ai kakarsa ta wajen uwa daga dukawan Fagge take, wataƙila ma jininmu ɗaya. Ya ce shi ke haɗa makaɗa da masu otal da masu biki, ba wanda bai sani ba a Sabon Gari. Kwana da kwanaki yana yawo da ni, yana gabatar da ni ga mutane da "ɗan'uwana daga Sudan." Ban san lokacin da na fara ce masa Yaya ba. Wata rana ya ce an samu wuri, gobe za a gwada ni, amma filogin lasifikata ba irin na nan ba ne, ya kamata a canza kafin ta ƙone. Ya ce in jira shi a bakin Kasuwar Sabon Gari, layin masu kayan wuta, ya shiga da ita a kafaɗa.

Na jira har aka yi azahar, aka yi la'asar, 'yan kasuwa suka fara ja da ƙofofi. Wayoyinsa biyu duk a kashe. Mai shayi ya ce shi ma bai san gidansa ba, ganinsa kawai yake.

Lasifikar nan Yaya ya ɗauke ta a kansa cikin ranar da ba za a iya kwatanta ta ba, da ciwo a jikinsa, ya ƙi yarda a yar da ita ko da muka yar da tufafinmu. Da ya kira da yamma ya ce ya aiki, na ce ana nan ana nema. Batula ce ta ji muryata ta karɓi wayar ta fita waje.

"Me ya faru, Tijjani?"

Na gaya mata. Ta yi ajiyar zuciya. "Kada ka gaya masa. Jitar tana nan?"

"Tana nan."

"To alhamdu lillahi. Ka riƙa kwana da ita a jikinka."

Washegari ban iya komawa Fagge da wuri ba, na yi ta gararamba a titunan Sabon Gari har yunwa ta zaunar da ni a bencin wata mai abinci. Alhaja Sikira ake ce mata, Bayarabiya, iyayenta daga Ilori suka zo, ita kuwa nan ta tashi. Na ce a ba ni ruwa kawai. Ta dube ni sama da ƙasa, ta zuba amala da miya ta tura gabana.

"Alhaja, ban ce a zuba ba."

"Na ji abin da ka ce. Ci, Malam. Mai ɗauke da kaya irin wannan ba ya shan ruwa ciki ba komai."

Ban taɓa cin amala ba, barkonon ya sa ni hawaye, na ji daɗi da na samu abin ɗora wa laifi. Da ta ji labarina ta tafa hannu ta yi salati, ta tsine wa Sabi'u da Hausa da Yarbanci. Sannan ta ce ƙaninta kuku ne a wani otal da ke bayan layinsu, kuma ta ji yana cewa mai buga musu piyano ya koma Legas.

Otal ɗin ƙarami ne, da lambu a tsakiya, inda iyalai ke zuwa cin abinci da la'asar da kuma ranar Lahadi bayan an taso daga coci. Mai kula da shi Madam Roz, 'yar ƙabilar Ibo, haifaffiyar Sabon Gari, Hausa a bakinta kamar jakin Kano. Ta ce ba ta da halin ɗaukar ƙungiya, mutum ɗaya take so, mai kiɗa a hankali wanda ba zai hana mutane hira ba. Lasifika akwai tasu. Ta ja kujera ta zauna, ta ce bismilla.

Na zaɓi wata tsohuwar waƙar jaz ta Amurka da muka buga da Yaya sau ba adadi. Na zuba duk abin da na iya. Yatsuna suka yi ta gudu daga wuyan jitar zuwa cikinta, ban bar ko taƙi ba a buɗe. Da na gama, gumi har cikin idona.

Madam ta ce, "Hannunka akwai sauri. Amma wace waƙa ce wannan?"

Na faɗi sunanta.

"Kai! Wannan ai babana yana da faifanta, da ita muka tashi." Ta rera layin farko da bakinta, daidai, ba kuskure. "Ita ka buga yanzu? Wallahi ban gan ta ba."

Ni ma da ta rera sai na ji ashe tun ɗazu abin da nake jira ke nan, wani ya rera in bi bayansa. Ta ce saboda Alhaja za ta ƙara saurarena in na shirya, amma ba za ta ajiye wurin har abada ba.

Da Yaya ya ji, dariya ya yi har tari ya sarƙe shi. Ya ce, "Ka kai musu kayan lefe ba amarya." Daga ranar muka fara karatu ta waya. Baba Modu ya yarda in riƙa bugawa daga hantsi zuwa kiran azahar, ƙofa a rufe, shi kuma ya ja bencinsa can bakin titi. Sai in jingina wayar a jikin itacen hula, Batula kuma a can ta riƙe wa Yaya tasu a kunne, don hannunsa ba ya iya riƙewa.

Ranar farko ya hana ni taɓa jitar. "Rera ta da baki."

"Yaya, ka san ba ni da murya."

"Ba gasa za ka shiga ba. Rera." Na rera. Ya ce, "Ka ji inda ka tsaya ka ja numfashi? Nan ne gonarka, nan za ka sa ado. Inda baki ke magana kuwa, yatsu su yi ladabi."

Sannan ya rarraba mini hannu. Uwar waƙa ta zauna a siraran tsirkiyoyin nan biyu, don muryarsu ce a sama, ita kunne ke fara kamawa. Babban yatsa ya riƙa takawa a masu kauri, a hankali, kamar mai tafiya masallaci. Tsirkiyoyin tsakiya kuma ba a kowace gaɓa za a taɓa su ba, sai inda waƙar ta yi nauyi, kuma biyu ko uku sun isa. Faɗa da sauƙi. Shekara ashirin hannuna ya yi yana jiran wani ya gama magana ya sa baki, yanzu an ce shi ne mai maganar, shi ne mai amsawa, shi ne kuma mai riƙe ƙasa. Da na kama waƙar sai babban yatsa ya tsaya. Da na tuna da shi sai waƙar ta suɓuce. In kuwa na zo gurbin numfashi, sai tsohon hali ya motsa, in tafi gudu in manta hanyar dawowa.

Can sai in ji muryarsa ƙasa-ƙasa: "Ina waƙar, Tijjani? Ka bar ta a tasha."

Wani lokaci layi ya yanke. Wani lokaci kati ya ƙare. Wani lokaci Batula ta ce, "Yau a haƙura, bai kwana da daɗi ba." Ranar da aka samu yi masa wanki muryarsa takan washe, har ya rera mini layi da kansa. Ranar da ba a samu ba, kalma ɗaya sai ya huta kafin ta biyu.

Da na koma wurin Madam na buga mata waƙar tsaf, ba ƙari ko ɗaya. Ta gyaɗa kai ta ce yanzu ta gan ta, in fara ranar Lahadi. Na fara aiki. Abin da na samu a makon farko ban ko duba shi sau biyu ba na aika Anjamena. Amma bayan 'yan makonni ta kira ni gefe.

"Malam Tijjani, ba korarka zan yi ba. Amma kiɗan nan naka ya koma kamar na 'yan makaranta a layin safe. Mutane suna gane waƙar, sai dai ba wanda ke ɗago kai. Ina wancan hannun na ranar farko? Ka sayar?"

Na kai ƙara wurin Yaya, raina a ɓace. Na ce na cika an ce na ɓatar, na rage an ce na bushe, to yaya ake so in yi?

Ya ja numfashi da ƙyar, ina ji ta waya. Sannan ya ce, "Ni ban ce ka kashe kanka ka zama ni ba. Kana tsammani ni na taɓa buga waƙa tsirara? Ina bugawa ne na san kana nan za ka tufatar da ita. Yanzu mu biyun ne a hannunka." Ya huta. "Zagaye na farko ka ba su ita yadda take, su san da wa suke magana. Na biyu ka sa mata ɗan kunne. Na uku ka je duk inda ranka ke so, amma kan layi da ƙarshen layi ka taɓa ta, su san ba ka sake ta ba. Sannan ka maido ta gida a hankali. Kwalliyar da ta hana a gane fuska ba kwalliya ba ce, amma fuskar ma tana son kwalli."

Wannan shi ne magana mafi tsawo da ya yi mini tun rabuwarmu, kuma Batula ta ce bayan ya gama sai da ya yi barcin wuni.

Na koma ɗakin sitaci na yi ta fama. A hankali na gane adon da ya fi zama shi ne wanda aka ciro daga jikin waƙar kanta: in ɗauki 'yar gaɓar da ta wuce yanzu in juya ta, in maimaita ta a ƙasa da murya mai kauri, ko in jinkirta wata gaɓa kaɗan har mai sauraro ya matsu sannan in sake ta. Na gane kuma wani gurbin ba ya son komai, shirun ne adonsa. Wata Lahadi ina zagaye na uku, na yi nisa, sai na ji wani dattijo a teburin kusa yana bin waƙar da hanci, cokali a hannunsa, bai ɓata ba ko da na karkata. Da na dawo gida muka sauka tare. Bai tafa ba, ya ci gaba da cin shinkafarsa. Ni kuwa sai da na juya baya na goge ido.

Washegari na buga wa Yaya ita ta waya daga farko har ƙarshe. Na gama, shiru. Na ce, "Yaya?" Batula ta ce idonsa a rufe, amma yana ji. Can na ji yana magana, ban kama ba, ita ta maimaita mini.

"Wai ya bi ka tun daga tasha har gida, bai ɓata ba. Amma wai a zagaye na biyu ka yi rowa."

Lokacin na riga na kama ɗakuna biyu a wani gidan haya a Kwaciri. Alhaja ta samo mini wani direba ɗan unguwarsu mai zuwa Gamboru, aka yi magana zai ɗauko su daga bakin iyaka. Baba Modu ya raka ni asibiti muka tambayi yadda ake shiga layin wankin ƙoda. Na sayi katifa, na sayi buta da tabarma. Saura 'yan kwanaki.

Ina shanyar hula da safe wayar ta yi ƙara. Muryar mai gawayin nan ce da ya ba mu ɗaki. Ya yi sallama, ya tambayi lafiyata, ya tambayi aiki, sannan ya ce, "Malam Tijjani, sai haƙuri. Usman lokaci ya yi, bayan asuba." Ya ce ba za a iya jirana ba, da hantsi za a kai shi.

Hular da ke hannuna ta faɗi cikin kwata. Baba Modu ya ɗauke ta, ya kama hannuna ya zaunar da ni, ya yi ta maimaita mini innalillahi har bakina ya kama. Sannan ya shiga gida ya fito da tabarmi ya shimfiɗa a ƙofar shagonsa. Na ce, "Baba, wa zai zo? Ba wanda ya san shi a garin nan."

Ya ce, "Jikan Fagge ne. Zauna."

Suka zo. Masu shagunan atamfa, da 'yan dako, da mai shayi, da limamin masallacin da na ji nauyin kwana a barandarsa, da tsohon nan mai buzu, an riƙo masa hannu. Kowa ya tsuguna ya ce, "Ya haƙuri? Allah Ya ji ƙansa," a yi fatiha a shafa. Alhaja ta aiko da manyan kuloli na abinci har kwana uku. Madam ta zo da kanta, ta yafa gyale, ta tsaya daga nesa ta ce in huta, kujerata tana jirana. Mutumin da bai taɓa taka Kano ba aka yi zaman makokinsa a unguwar kakansa, ni kuwa da na san shi ban ga ko kabarinsa ba. Har yau ban gani ba.

Batula ta yi takabarta a Anjamena. Bayan ta fita, direban nan ya ɗauko ta ita da Ihsan. Na tarye su a tasha, na ga ta rame har sai da na yi shakkar ita ce. Da can tsakaninmu wasa ne irin na ƙanin miji, ba ma haɗuwa ba ta tsokane ni ba. Ranar gaisuwa kawai muka yi. Suka shiga ɗaki ɗaya, ni ɗaya. Alhaja ta haɗa ta da matan da ke son lalle da turaren wuta irin na Sudan, ba a daɗe ba ta fara samun na cefane. Ihsan ta shiga makaranta, Hausarta ma ta fi tawa gyaruwa.

Wata rana da hantsi ina ɗakina ina shirya wata sabuwar waƙa da zan buga ranar Lahadi. Ina zagaye na farko, ina ba da ita yadda take, a hankali, babban yatsa na takawa a ƙasa. Sai na ji ƙarar kwano ya faɗi a tsakar gida. Na ɗaga labule. Batula ce tsaye a ƙofata, hannunta duk lalle, ba mayafi, numfashinta na fita da ƙyar. Ta leƙa bayana cikin ɗakin, ta dubi kusurwa, ta dubi katifa, sannan ta dube ni.

"Kai ne?"

"Ni ne, Yaya Batula."

Ta dafa bango. "Na san kai ne. Na sani. Amma ƙafata ce ta kawo ni." Ta share fuska da bayan hannu, lallen ya shafe ta a kumatu. "Tijjani, don girman Allah, in za ka buga irin wannan, ka bari sai na fita. Buga naka na da, mai gudun nan. Shi ba ya yi mini komai."

Na ce to.

Shekara ta zagayo, muna nan a Kwaciri. A otal ina buga waƙa yadda Yaya ya koya mini, mutane na bi da hanci. A gida kuwa, in dai takalminta na ƙofar ɗaki, sai in saki yatsuna su yi ta gudu, in lulluɓe waƙar da ado har ba mai iya ganin fuskarta. Maƙwabta suna cewa ɗan Sudan ɗin nan ba ya buga komai sai surutu. Ita kuma tana tsakar gida tana kwaɓa lallenta, ba ta ɗago kai.